Wanda Ya Kasa Yanke Matattu

Cottbus, 6 ga Satumba, 1997

Ingolf nawa,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan wannan takarda za ta same ka cikin sauƙi. Yaya ƙirjin? Ɗinkin ya daina ƙaiƙayi? Na ga katin da ka aiko mai hoton teku, layi biyu kacal, ɗaya kuma ƙorafi ne a kan miyar da ba gishiri. Mutanen nan sun buɗe maka zuciya sun gyara, ka daure ka sha miyarsu har su sallame ka. Kada kuma ka bi abokin ɗakinka bayan gini shan taba. Na san halinka.

Nan lafiya lau, sai dai ni da nake jin kamar in fasa wani abu. Yayana Volkmar ne, wa kuma zai zama.

Ka tuna fim ɗinsa na ƙauyenmu Sabrow, wanda tun ranar aurenmu ya ce maka saura ƙiris? To, gidan talabijin da ya ɗauki nauyin kammala shi ya gaji. Sun turo wani matashi, Dokta Hasselbach, daga can yamma, mai takalmi ruwan zuma, ya faɗa masa cikin ladabi cewa in ƙarshen Oktoba ya yi ba a miƙa musu fim na awa ɗaya da rabi ba, za su kwashe faifan gaba ɗaya su ba wani mai tacewa a Hamburg ya yanka musu. Yarjejeniyar da Volkmar ya sa wa hannu ta ba su wannan iko. Mutumin da ya rubuta labarin fim sama da ashirin bai tsaya ya karanta takardar ba.

Kai ba ɗan Sabrow ba ne, ka same mu bayan an gama komai, ni kuma ban cika son zancen ba, don haka ba ka san nauyin abin da ke cikin gwangwanayen faifan nan ba. A 1984 aka sanar da mu cewa akwai kwal a ƙarƙashin ƙauyen. Cikin shekara biyu katafila ta cinye coci da makaranta da itatuwan tuffa, aka tone kaburbura aka mai da su wani wuri, har da na babanmu, aka zuba rayayyu a dogayen benaye. A lokacin Volkmar yana kamfanin fim na gwamnati, yana shirya musu finafinan masana'antu da na mata masu tatsar shanu suna murmushi. Duk ƙarshen mako sai ya ɗauko kyamara ya dawo gida, ya ɗauki kowa da komai har ranar da aka rushe gidanmu. Manyansa suka kalli kashin farko, suka ce lokacinsa bai yi ba, suka kulle a ɗakin ƙasa. Shi kuma aka cire shi daga ba da umarni, aka zaunar da shi yana tace finafinan wasu. Da katangar da ta raba ƙasar nan biyu ta faɗi aka sayar da kamfanin, ya je da baron maƙwabci ya kwaso gwangwanayensa daga cikin tarkacen da za a zubar. Tun daga nan tallan katifa da kujeru yake yi yana ci, yana taɓa wannan fim ɗin.

Jiya da na tashi daga laburare na wuce ɗakin da yake haya a bayan tsohon shagon wanki. Ka san wurin: teburin tacewa mai ɗan ƙaramin allo, da guntayen fim rataye a ƙusoshi kamar shanya. Na tambaye shi tsawon fim ɗin yanzu. Ya cire tabarau yana gogewa, ya ce ya ɗan haura awa tara.

Ingolf, shekara uku da suka wuce awa biyu ne. Na gani da idona. Kowa fim ɗinsa raguwa yake yi a wurin tacewa, na ɗan'uwana ƙiba yake yi.

Da na matsa masa sai ya faɗa mini dalili, kansa a ƙasa kamar yaron da ya fasa tulu. Ya ce muddin mutum yana raye yana iya yanke shi, don sauran maganarsa tana nan a bakinsa, wanda yake so ya je ya ji. Amma in ya mutu, abin da ke cikin gwangwani shi ne iyakar abin da ya rage, hannunsa kuma ba ya iya ɗora wuƙa a kai. Duk jana'izar da aka yi ta ɗan Sabrow, daga maƙabarta nan yake wucewa, da baƙar kwat ɗinsa, ya mayar da duk abin da ya taɓa cirewa na mamacin. Mutanen Sabrow kuwa tsofaffi ne, kuma benaye ba su karɓe su ba.

Na ce masa, "To ai kai ba fim kake yi ba. Maƙabarta ta biyu kake haƙawa, kuma ita ma ga katafila nan tafe daga Hamburg."

Ya ce, "Almut, kin sha kofi kuwa?"

Haka yake tun muna yara. Ka jefe shi da dutse ya tambaye ka ko hannunka bai yi ciwo ba.

Ban faɗa wa mahaifiyarmu Mutti ba. A shekarunta tamanin da shida, da ƙafafun nan nata masu kumburi, ba ta buƙatar wannan. Ka riƙa tafiyar da suka ce ka yi a bakin ruwa, ka sa hula.

Taka,
Almut


Cottbus, 15 ga Satumba, 1997

Ingolf nawa,

Gaisuwa da fatan alheri. Na yi murna da jin cewa ka hau bene hawa biyu ba ka tsaya ba. Yaya barci? Ka ce wa likitar ta canja maka ƙwayar nan in tana sa ka jiri, kada ka yi shirun nan naka na maza.

Na kalli fim ɗin. Asabar da rabin Lahadi na yi a kan kujerar katako gaban ɗan allon nan. Na je da niyyar in ce masa shirme ne, in huta. Abin haushin shi ne ba shirme ba ne. Akwai inda tsohuwa Matuschka, ungozomar ƙauyen, take tsaye a titi tana nuna gidaje ɗaya bayan ɗaya tana faɗin wanda ta karɓi haihuwarsa a kowanne, ga katafila tana huci a bayanta. Na yi shekara talatin ina ba mutane aron littattafai, kaɗan ne a cikinsu suka kai wannan wurin. Ɗan'uwana ya iya aikinsa. Ya san inda zai tsaya da kyamara, ya san lokacin da zai yi shiru. Waɗanda suka zaunar da shi shekara biyar yana gyara kwamacalar wasu sun san abin da suke yi, kuma har gobe ban yafe musu ba.

Amma kuma akwai inda tsoho Lehnigk, mai kiwon zuma, yake neman lofensa. Yana nema, yana nema, ya shiga ɗaki, ya fito, ya laluba aljihu. Na je na yi fitsari na dawo bai samu ba. Lehnigk ya rasu bara, saboda haka lofen ya zama abu mai tsarki.

Can wajen awa ta shida na fara jin wani abu ba daidai ba, sai daga baya na gane. Babu rayayyu. Duk lokacin da tsawon fim ɗin ya tsorata shi, sai ya ɗauki wuƙa ya rage, kuma waɗanda yake iya ragewa su ne masu sauran numfashi. A hankali ya share su kaf. Mutti, wadda ya bi da kyamara shekara biyu har ta taɓa korarsa da tsintsiya, sau ɗaya ta fito, ta baya, tana ɗauke da bokiti.

Na ce, "Ina Mutti?"

Ya ce, "Tana gida mana."

Na ce, "Wato sai ta mutu za ta sami shiga."

Fuskarsa ta yi fari fat. Ya zauna ya ɗora hannuwansa a kan tebur, sai na ga yadda suka tsufa, yatsun duk tabon gam da taba. Saura kaɗan ya cika sittin, Ingolf. A tsaye yake cin abinci, burodi da kokwamba mai tsami daga cikin kwalba. Matarsa ta bar shi tun zamanin ɗakin ƙasa, abokan aikinsa rabi sun koma tuƙin tasi. Wannan fim ɗin ne kaɗai abin da ya yi da ba wanda ya umarce shi, kuma za a miƙa shi ga wani baƙo da bai taɓa jin warin kwal ba, ya zaɓi masu kuka ya sa musu kiɗan goge a ƙasa. Na so in rungume shi. Maimakon haka na ce masa ɗakin yana wari, ya buɗe taga.

Daga nan na wuce wajen Mutti, na hau benen nan biyar ina nanata wa kaina cewa ba zan ce komai ba. Kafin kofi ya huce na zazzage mata duka. Kada ka yi mini wannan kallon, ina ganinsa daga nan.

Ta ci gaba da juya cokali. Ban ga alamar ta damu da cewa ba ta ciki ba. Abin da ta tambaya shi ne, "Shi Lehnigk nawa ya samu?"

Na ce kusan awa guda.

Ta ce, "Awa guda. Mutumin da ko matarsa ba ta taɓa zama ta saurare shi ya kai ƙarshen zance ba." Ta ajiye cokalin. "Wace mota ce take zuwa shagon wankin?"

Na ce ƙafafunta ba za su iya ba. Ta ce ƙafafunta ba su tambaye ni ba. Yau da safe na raka ta, da matashin zama a jaka da kek ɗin tuffa a kwano. Volkmar bai taɓa barin kowa ya zauna kusa da shi yana aiki ba, ko Dokta Hasselbach a bakin ƙofa yake tsayawa. Ya buɗe, ya ga Mutti da hularta ta zuwa coci, ya kalle ni kamar na kawo masa 'yan sanda. Na bar su na tafi aiki. Ko me zai faru, ba zai fi wanda ake ciki muni ba.

Ka gaishe da abokin ɗakin naka, ka ce na ce ina sane da shi.

Taka kullum,
Almut


Cottbus, 5 ga Oktoba, 1997

Ingolf, masoyina,

Ina gaisuwa, ina kuma ba ka haƙuri da jinkirin amsa. Yaya ƙarfin jiki? Ban ji daɗin ƙarin makonnin da suka yi maka ba, amma gara su riƙe ka su gama da su sako mini kai rabi-rabi. Safar ulu tana hanya.

Ba za ka yarda da abin da ke faruwa a bayan shagon wanki ba. Kullum da safe Mutti tana can. Ni kuma ina biyawa da yamma in mai da ita gida, wani lokacin in zauna a lungu in yi kallo, don ya fi duk abin da ake nunawa a silima.

Tana zaune a kan matashinta, hancinta ya kusa taɓa allo. Fim yana tafiya, sai ka ji ta ce, "Yanke."

"Mutti, ya rasu bara."

"Na sani, ni na toya kek ɗin zaman makokin. Yanke."

"Ba shi da wani hoton a duniya sai wannan."

"To sai a hukunta mutane da shi? Mutuwa ba ta ƙara masa daɗin hira ba."

Sai ka ga Volkmar ya ɗaga wuƙar tebur, ya tsaya, ya kalle ta. Ita kuma ta gyaɗa kai, ya sauke. Na lura ba ya iya yi sai ta furta. Ta yi makaranta da mutanen nan, ta yi rawa a bikinsu, ta wanke gawar wasunsu. Ba ta jin tsoronsu, kuma ba ta jin suna binta komai. In ta ce a yanke, kamar su ne suka ce. Lofen Lehnigk ya tafi tun mako na farko. Abin da ta bar masa shi ne inda yake ɗora amyoyinsa a kan amalanke yana yi musu magana ƙasa-ƙasa, yana faɗa musu sunan garin da za su. Ta ce, "Wannan ne Lehnigk. Sauran duk da kyamara yake magana."

Ba kullum take cin nasara ba. Akwai dogon wuri na ranar da aka tone kaburbura, babu magana, sai ƙarar shebur da mutane tsaye cikin ruwan sama. Ta ce ya yi tsawo, ba mai iya jurewa. Nan Volkmar ya tsaya kai da fata. Ya ce ai don kada a iya jurewa ya bar shi haka, in ya gajarta zai zama kamar labaran talabijin na ƙarfe takwas. Suka yi ta yi har kek ya ƙare. Daga ƙarshe ta ce, "To, wannan sana'arka ce, ka fi ni sani." Na rantse maka sai da kunnuwansa suka yi ja. Ban jin ta taɓa kiran abin da yake yi sana'a kafin ranar. Da kullum cewa take yi ɗan Matuschka ya zama likitan haƙori.

Rayayyu sun dawo. Fim ɗin ya sauka ƙasa da awa biyu. Volkmar ya aske gemu, kuma shekaranjiya na same shi yana cin dankali a zaune, da faranti.

Ranar Alhamis aka zo kan nata. Shi ya so ya tsallake, ita ta ce a ɗauko. Gwangwani uku ne cur. Akwai inda take ba da labarin haɗuwarta da babanmu a wurin rawar girbi. Akwai inda take kuka a bakin sabon kabarinsa. Akwai kuma inda take zaune a kicin ɗinmu na da tana fere dankali tana rera wata waƙa da tsohon harshen ƙauyen, wanda kakarmu take yi, wanda ni da Volkmar ba mu iya ba. Ta kalla duka har ƙarshe. Da aka gama ta ce masa, "Yanke ni yanzu, ina raye, ina da bakin zaginka. In ka jira na mutu za ka lafta wa bayin Allah ni awa guda, su fita suna cewa Herta ta cika surutu."

Ya ce waƙar fa? Ta ce muryarta ta yi kama da ƙofar rumbu. Kukan fa? Ta ce an riga an ga Matuschka tana kuka, tsohuwa ɗaya mai kuka ta isa fim. Ta zaɓi wani ɗan guntu da bai kai minti ɗaya ba: ranar tashinmu, tana durƙushe tana haƙo tushen furen wardinta, wai za ta kai shi bene na biyar inda ko tukunyar ƙasa babu. Sai ta ɗago ta harari kyamara ta ce, "Volkmar, matsa, ka tare mini rana." Shi ke nan.

Ya duba, ya mayar baya, ya sake dubawa. Ya ce, "Daidai ne." Ni ma na ce daidai ne, har da tafi. Na faɗa masa ya ga yadda ake yi, ba a riƙe abu don kawai ana son mai shi. Ya ce ya ji, malama.

Saura gyaran sauti. In ba wani abu ba, Dokta Hasselbach zai sami fim ɗinsa da sauran kwanaki, ya rasa abin yi da takalminsa.

Ina kewarka, har da minsharin.

Taka,
Almut


Cottbus, 14 ga Oktoba, 1997

Ingolf,

Ina fatan kana lafiya. Ka zauna kafin ka ci gaba da karantawa, kuma na riga na yi waya da likitarka, ta san abin da ke cikin takardar nan.

Mutti ta rasu jiya da hantsi. Maƙwabciyarta ce ta same ta a kujerar bakin ƙofa, ta sa takalmi ɗaya, ɗayan yana hannunta. Za ta je shagon wanki jin gyaran sautin fim ɗin. Likita ya ce ba ta sha wahala ba. Kullum haka suke cewa, amma fuskarta ba ta ƙaryata shi ba.

Ranar Juma'a za a binne ta kusa da Baba. Kada ka zo. Likitar ta ce jirgin ƙasa na awa shida ba naka ba ne yanzu, ni kuma ba zan iya da jana'iza biyu ba. Ka yi mini wannan.

Na karanta littattafai masu yawa a kan mutuwa, babu wanda ya yi mini amfani jiya. Abin da yake riƙe da ni shi ne aiki: fasto, furanni, kek na mutum sittin. Da kuma Volkmar. Ka san inda yake wucewa daga maƙabarta. Ranar Juma'a ƙafata ƙafarsa, in ya taɓa gwangwanayen nan uku sai na karya masa yatsu.

Almut


Cottbus, 26 ga Oktoba, 1997

Ingolf nawa,

Gaisuwa mai yawa. Na gode da takardarka, shafi huɗu cur, ashe ka iya. Na karanta ta a tsaye a bakin akwatin wasiƙu, na sake karantawa a kicin. Yaya jikin? Na ji an sa ranar sallamarka. Zan zo tasha, kada ka ɗauki akwatin da kanka.

An binne Mutti lafiya. Duk wanda ya rage na Sabrow ya zo, wasu a keken guragu. An sha kofi, an ci kek, 'yar Matuschka ta ce bai kai na Herta ba, kuma gaskiyarta. Da aka watse Volkmar ya ɗauki hanyar shagon wanki da baƙar kwat ɗinsa, na bi shi a baya kamar mai gadin fursuna. Bai hana ni ba.

Muka shiga. Ya rataye kwat, ya ɗora ruwan zafi, ya zauna yana liƙa takardu a jikin gwangwanayen fim ɗin da aka gama, yana rubuta lamba. Na tsaya ina jiran ya juya wajen kantar da gwangwanayen Mutti suke. Bai ko kalli wurin ba. Na gaji da tsayuwa na zauna. Can na ce, tun da muna nan, ya sa mini waƙar nan sau ɗaya in ji.

Ya ce, "Kin tabbata?"

Na ce in ban tabbata ba zan tambaya ne?

Ya sa. Ga kicin ɗinmu, ga labulen nan mai ɗigo-ɗigo, ga hannunta da wuƙar fere. Muryar kuwa ta yi kama da ƙofar rumbu, ba ta yi ƙarya ba. A tsakiya ta manta baiti, ta yi tsaki, ta koma farko. Ban san ma'anar kalma ko ɗaya ba, kuma babu sauran wanda zan tambaya.

Da ta ƙare na ce masa, "Mayar da ita."

Ya miƙa hannu ya kashe allon.

Na ce minti uku ne, ba wanda zai mutu don minti uku. Na ce a rage ranar kaburbura, ai ita ma ta ce ya yi tsawo. Na ce a saka labarin rawar girbin ma, don ba a ambaci Baba ko sau ɗaya ba a fim ɗin. Na ce wace irin uwa ce za a ba ƙasa da minti ɗaya, tana durƙushe, tana masifa, alhali Lehnigk da ƙudan zumansa sun fi ta. Na kawo hujjoji masu kyau, ka san ni, a jere, kowacce da ƙafafunta. Ina jin muryata tana hawa ban iya tsai da ita ba. Har na kai hannu na ɗauko gwangwanin da kaina na dire masa a kan tebur.

Ya ce, "A'a, Almut."

Shekara hamsin da uku ina duniya, ban taɓa jin ya ce mini a'a ba.

Na ce ko alkawari ta sa ya yi mata? Ya ce ba ta sa shi komai ba. Ya ce, "Yankan daidai ne. Ranar da aka yi shi daidai ne, yau ma daidai ne. Ke ma kin tafa." Na kira shi mara zuciya. Na kira shi mahauci. Na ce gwamnatin da ta kulle masa fim ta fi shi imani. Ya bari na gama, sannan ya ce, a hankali, "Haka ake ji. Duk ranar jana'iza haka nake ji, shekara da shekaru. Zauna."

Na zauna. Ya nuna mini ɗan maɓallin teburin: dama gaba, hagu baya, tsakiya tsayawa. Ya ce gwangwanayen uku nawa ne, ba na talabijin ba, ba na Hamburg ba, in zo duk ranar da na ga dama. Ya ɗauki kofinsa ya fita tsakar gida ya ja ƙofa. Ban san sau nawa na murɗa hagu ba. Da na fito rana ta yi sanyi, yana zaune a kan bokiti yana jirana, kofin ya daɗe da hucewa.

Ranar Laraba Dokta Hasselbach ya zo da mota. Ya kalli fim ɗin daga farko har ƙarshe a kan kujerar katakon nan, bai motsa ba. A wurin Mutti ya yi dariya, ya kuma ji kunyar dariyar, ya ce a yi masa afuwa. Volkmar ya ce ai don haka aka sa. Yaron ba shi da laifi, har ya yi mana ta'aziyya da kyau. Za a nuna fim ɗin a watan Janairu da sunan ɗan'uwana a wuri uku: labari, umarni, tacewa. Volkmar ya so ya ƙara sunan Mutti a na ukun, na ce ta tsani a yi mata godiya a gaban mutane, ya ce shi ya sa zai saka.

Muka taya direba loda kaya. Gwangwani na ƙarshe, wanda Mutti take ciki, ni na ɗauko. Na kai bakin motar na tsaya. Direba ya miƙo hannu, ya jira, ya kalli Volkmar. Ni dai ina riƙe. Sai Volkmar ya zo ta gefena, ya ɓamɓare yatsuna ɗaya bayan ɗaya, da yatsun nan nasa masu tabon gam, ya miƙa wa mutumin. Motar ta tafi. Ya ci gaba da riƙe hannuna har ta sha kwana.

Har yanzu ina jin haushinsa. Ina kuma tsammanin yana da gaskiya, wanda ya fi komai ban haushi. Ya ce in gaishe ka, wai yana da wani sabon labari a kai, na asibitin masu ciwon zuciya a bakin teku, yana so ya yi maka tambayoyi. Na ce sai ka warke.

Ka dawo gida, Ingolf. Gidan ya yi mini shiru da yawa.

Matarka mai ƙaunarka,
Almut